Ni Ce Muryar Ƙanwata a Fim, Ni Ce Kuma Na Tona Mata Asiri

Assalamu alaikum Anti, da duk mai bin wannan shafi. Don Allah ki ɓoye sunana da lambata. Na canza sunayen waɗanda zan ambata, ko da yake in ɗan garinmu ne ya karanta, layi uku sun ishe shi ya gane su wa nake nufi, kuma na kai matsayin da wannan ma ba shi ne ya fi ba ni tsoro ba. Roƙona ɗaya ne, ku karanta har ƙarshe kafin ku zage ni. Ban ce kada ku zage ni ba, na cancanta, sai dai duk zagin da za ku yi mini na riga na yi wa kaina wanda ya fi shi zafi. Shawara nake nema, kuma ba ni da lokaci. Yau Talata, abin da nake tsoro ranar Juma'a ne.

Ni 'yar Madarunfa ce, shekarata ashirin da bakwai. Ina da shekara shida mahaifiyata ta rasu, sai ƙanwarta, wadda nake kira Inna, ta ɗauke ni ta haɗa da ɗiyarta Balki, wadda na girma da shekara uku. Ɗaki ɗaya muka tashi, kwano ɗaya, har yau katifarmu ɗaya. Inna ba ta taɓa nuna mini cewa ba ita ta haife ni ba, ina so ku riƙe wannan, domin kada wani ya nema mini uzuri ya ce ai marainiya ce an wulaƙanta ta. Ba wanda ya wulaƙanta ni. Balki kyakkyawa ce irin wadda in ta shigo wuri hira takan ɗan tsaya, amma tana da i'ina mai tsanani, kalma ɗaya sai ta riƙe mata wuya har jijiya ta fito. Ni kuwa Allah ya ba ni baki da murya, fuska dai ga ta nan, ba ta korar kowa, ba ta kuma tsayar da kowa. Tun muna yara ni ce bakinta. In aka aike ta sayen mai, ni ke binta in faɗa. A lakwal, wato makarantar boko, aji ɗaya aka sa mu, in aka tambaye ta, ni ke ɗaga hannu daga bayan aji. Na taɓa fasa wa wata yarinya leɓe a bakin famfo don ta kwaikwayi maganarta, har aka kawo ƙarata gida, Inna ta yi mini faɗa a gaban mutane, da suka tafi ta ƙara mini nama. Wannan ce ni da kowa ya sani.

Akwai wata ƙungiyar wasan kwaikwayo a garinmu wadda wani tsohon malamin lakwal ke jagoranta, kowa Mushe yake ce masa, yadda ake kiran malaman lakwal a nan. Shekara huɗu ina cikinta, muna wasannin faɗakarwa a rediyo, na gidan sauro, na rigakafi, na awon ciki. Duk rawar mace mai nauyi ni ake ba, domin ina iya yin kuka da murya har mai ji ya ajiye abin da yake yi. Sai wani gidan tele na Maradi ya yarda zai riƙa nuna mana fim mai dogon zango kowane mako, labarin wata yarinya Sahura mai sayar da kifi a bakin tafki. Wa zai hau Sahura in ba ni ba? Ban ma tambaya ba, na haddace kashi uku na farko tun kafin a raba rawa. Ranar gwaji Balki ta kawo mini fura a wurin, tana tsaye gefe da kwano a hannu, sai Lawali, wanda shi ke ɗauka da kamera shi ke kuma haɗa hoton a na'ura, ya juya kamerar kanta da wasa. Mushe ya leƙa ɗan gilashin ya yi shiru. Na san wannan shirun, shekara huɗu ina jiran ya yi shi a kaina.

Aka ce ta gwada layi ɗaya. Abin da za ta ce kawai shi ne, "Baba, ka bar ni in tahi." Ta tsaya kan baƙin farko. Ta yi ta fama, ido ya rufe, kai na kaɗawa, baki na rawa, kusan minti biyu kalmar Baba ta ƙi fita, wani daga baya ya kasa riƙe dariya, ta fashe da kuka ta rufe fuska da mayafi, kamera kuwa tana ta ɗauka. Mushe ya ce wa Lawali, "Ka goge wanga abu, kar in sake ganin shi." Da an tsaya nan da shi ke nan, da rawar ta dawo hannuna. Amma ni da bakina na ce, "Mushe, in ba ta hidda sauti ba, bakinta ba ya sarƙewa. Ku dube ta in tana salla." Gaskiya ne, in tana motsa leɓe ba murya, tiryan-tiryan take tafiya. Na ce ta riƙa motsa baki, ni in tsaya bayan kamera da mikro in yi maganar. Aka gwada, ya zauna kamar an auna. Kowa ya yi ta yaba mini basira, ni ma na ji daɗi a ranar, wallahi na ji daɗi, don na ga ta share hawaye tana dariya.

To ga inda laifina ya fara, tun kafin in san laifi ne. A ranar Lawali ya ba ni katin kamerar in kwashi sautin gwajin a wayata don in saba da saurin bakinta. Ina kwasa na ga wancan hoton na minti biyu bai riga ya goge ba. Na tura shi wayata. Me ya sa? Na sha gaya wa kaina ban sani ba. Ba dariya nake so in yi ba, ban ma sake buɗe shi ba sai bayan wata bakwai. Amma mutum ba ya ajiye wuƙa ƙarƙashin katifa ya ce bai san dalili ba. Washegari Lawali ya goge nasa a gaban Mushe, kowa ya ɗauka abin ya bar duniya.

Wata bakwai muka yi muna aiki haka. Ita a gaban kamera da tiren kifi a ka, ni a bayan Lawali ƙarƙashin gawo, da mikro an sa masa safa saboda iskar tafki, idona a kan leɓenta. In ta ja numfashi in ja, in ta haɗiye yawu in dakata, in hawaye ya zubo mata ni ce ke shessheƙa. Mutanen gari sun san tana da i'ina, amma sun ɗauka irin abin nan ne da mai i'ina in yana rera karatu ba ya sarƙewa, suka ce ai haddacewa take yi. Ga shi muryoyinmu na jini ɗaya ne, ina ɗan siranta tawa kawai. Inna kaɗai ce ranar da aka fara nunawa ta juyo ta dube ni ta ce, "Ke, wagga ba muryarki ba ce?" Muka roƙe ta ta yi shiru, ta yi dariya ta ce Allah ya ba da sa'a. Fim ya karɓu fiye da yadda muka zata. Daga Gabi, daga Safo, har daga tsallaken iyaka ana kiran Mushe ana tambayar Sahura. In mun shiga kasuwa mata su yanyame ta, ita sai murmushi da dafa ƙirji, a ce kai yarinyar nan akwai kunya, ni kuma in amsa mata gaisuwa kamar yadda na saba tun muna yara. A ƙarshen kowane kashi sunana na fitowa, amma an rubuta ni a mai kula da kaya. Na yi wa Mushe magana sau ɗaya, ya ce, "Haba ɗiyata, in anka sa sunanki ga murya ai mun tona wa kanmu asiri. Ki yi haƙuri, lokacinki na zuwa." Na ce to.

Akwai ranar da ba na mantawa. Mun je Maradi, muna tasha za mu dawo, wata tsohuwa ta gane ta, ta kama hannayenta biyu tana kuka ta ce, "Ɗiyata, ba kyawunki ba ne ke sa ni kallo. Muryarki ce. Irin ta ɗiyata ce da ta rasu, in kina magana sai in rufe ido." Balki ta sunkuyar da kai, tsohuwa ta yi ta sa mata albarka. Ni ina gefe riƙe da jakar Balki da ledar takalmanta. Albarkar wa aka sa a ranar? Na san tambayar banza ce, na san ba Balki ta roƙa ba, a mota ma ta matse hannuna har muka iso gida, wato ita ma abin ya dame ta. Amma tun daga ranar wani abu ya zauna mini a ƙirji kamar tuwon da bai nuna ba. Kuma kada wani ya ce don namiji ne. Na san Lawali na son ta, har an kai gaisuwa gidanmu, ni ce ma na riƙa kai saƙo tsakaninsu. Ban taɓa son shi ba, ba irin nawa ba ne. Da kishin namiji ne da na fi gane kaina.

Abin da ban sani ba shi ne, Lawali ya daɗe yana koya mata wata dabara, ta riƙa buga yatsa a cinya, kowace gaɓa bugu ɗaya, tana fitar da magana a hankali. Wata rana da la'asar muna ɓarar gyaɗa a tsakar gida, ta ajiye tire, ta dube ni fuskarta cike da murna, ta fara buga yatsa ta ce, "Ya-ya, na ku-sa hu-tar da ke." Ba ta sarƙe ko sau ɗaya ba. Ta bayyana mini, da ƙyar, cewa Mushe ya ce a zango na biyu za ta fara faɗin gajerun layuka da kanta, in abin ya yi kyau a hankali ta karɓe duka. Kyauta ta kawo mini, a ganinta ta sauke mini wahalar tsayuwa cikin rana. Na rungume ta na ce masha Allah. A cikina kuwa abin da na ji shi ne, fuskar tata, sunan nata, albarkar tsofaffi tata, yanzu muryar ma da ta rage mini za a ce an gode, a koma kula da kaya da gaske. Shekara ashirin ina roƙa mata Allah ya buɗe bakinta, ranar da ya fara buɗewa sai na ji baƙin ciki. Wace irin zuciya ce wannan?

Washegari bayan azahar, Inna ta tafi barka, Balki ta tafi wurin gwaji. Na ɗauko wani tsohon layin Najeriya da wani ɗan'uwanmu ya bari a gidan, na sa a wayata, na tura hoton nan a guruf biyu da na san ba su kwana da magana, na rubuta a ƙasa, ga Sahura ta gaskiya. Na cire layin na jefa a murhu ƙarƙashin tukunyar miya. Ba zan ce shaiɗan ne ba, a cikin hankalina nake, har na tsaya na gyara rubutun. Abin da na gaya wa kaina shi ne mutane za su tambaya to muryar wace ce, a ce tawa ce, shi ke nan, kwana biyu a manta. Da suka dawo ni na zuba musu tuwo da wannan miyar.

Ba wanda ya tambayi muryar wace ce. Ko mutum ɗaya. Kafin kwana biyu hoton ya zagaye ko'ina, wasu suka sa masa kiɗa, wasu suka haɗa shi da kukan akuya, 'yan kabu-kabu in ta wuce sai su riƙa ba-ba-ba suna taka mashin. Matan da ke yanyame ta a kasuwa su ne suka koma cewa dama sun san akwai ha'inci. Gidan tele ya kira Mushe ya ce an yaudari masu kallo, aka tsayar da fim ɗin saura kashi biyu ya ƙare, har yau ba wanda ya san yadda Sahura ta ƙare. Aikin Balki na fim ke nan gaba ɗaya, wata bakwai. Ranar da ta ga hoton a wayar wata maƙwabciyarmu ina zaune kusa da ita, ta kalle shi har ƙarshe, ta miƙa wa mai wayar abarta, ta shiga ɗaki. Daga ranar ta daina fita ko ƙofar gida, ta daina buga yatsa, ta daina magana sai da kai da hannu. Inna ta rame, tana zaune sai in ji ta ce, "Wanda ya yi wa ɗiyata wanga abu, ban yahe ba duniya da lahira." Ni kuma in ce amin. Da bakina nake cewa amin, don in na yi shiru za ta dube ni.

Laifin ya faɗa kan Lawali, tunda shi aka ce ya goge. Ya zo gidanmu sau uku, Balki ta ƙi fitowa, Inna ta tattara kayan gaisuwarsu ta mayar. Mushe ya karɓe kamera daga hannunsa. Yaron nan ya yi rantsuwa da baki har ya gaji, ba mai saurare, ni kuwa ina gani ina ji, har ina taya mutane cewa Allah kaɗai ya san gaskiya. Mahaifinsa dattijo ne mai zuciya, ya ce ba zai bari a ɓata masa suna a banza ba. Ya je wurin Malam, limamin unguwarmu, ya ce duk wanda hannunsa ya taɓa katin nan ya zo ya dafa Alƙur'ani bayan sallar Juma'a, ɗansa ne zai fara. Aka lissafa mu shida, har da Mushe, har da ni. Wanda ba ɗan nan ba ne zai iya ɗauka ƙaramin abu ne. A wurinmu ba a wasa da dafa Alƙur'ani, mai gaskiya ma jikinsa na rawa yake zuwa, kuma kowa ya tashi da labarin wanda ya dafa a kan ƙarya bai ga daidai ba.

Juma'ar farko muka taru a zauren Malam, aka ce kowa ya yi alwala. Lawali ya durƙusa ya ɗora hannu ya ce in shi ya fitar da hoton nan, ko ya ba wani ya fitar, kada Littafin nan ya bar shi. Muryarsa ko rawa ba ta yi ba. Mushe ya bi, sauran uku suka bi. Da aka zo kaina na sunkuyar da kai na ce, "Allah gafarta Malam, ba ni salla." Malam ya ce ba komai, mako mai zuwa. Ƙarya nake yi. Kuma ƙaryar nan ta bi ni gida, domin a gida irin namu ba inda za ka ɓuya ka yi salla ba a gan ka ba. Kwana shida ana kiran salla ina zaune kamar kujera, da tsarkina, don in kare maganar da na faɗa a zaure. Na rama su daga baya, amma wace irin ramuwa ce ta wanda ya bari da gangan? Balki kuma ɗakinmu ɗaya, ta san kwanakina kamar yadda na san nata. Rana ta biyu tana shimfiɗa abin salla ta ɗago ta dube ni, kallo ɗaya, sannan ta ta da kabbara.

Juma'a ta biyu na tsiri tafiya Safo tun da safe, na ce gwaggona ba lafiya. Gwaggo na same ta tana surfe, ta fi ni lafiya. Da na dawo gari ya riga ya fara lissafi, biyar sun dafa, saura ɗaya, kuma ɗayar nan kullum da dalili. Matan da ke gaishe ni a famfo yanzu sai su yi shiru in na iso. Malam ya aiko cewa wannan Juma'ar ce ta ƙarshe, mahaifin Lawali kuma ya ce in ban zo ba ya ɗauki rashin zuwana a matsayin amsa, zai kai magana wurin jandarma. Shekaranjiya na haɗu da Lawali a hanyar kasuwa, duk ya rame kamar wanda ya tashi daga jinya. Na so in kauce, ya tsaya ya gaishe ni da ladabi kamar kullum, ya ce, "Yaya, ni ban zarge ki ba, wallahi. Ki zo ki dahwa kawai a wuce wurin. Na dahwa, amma har yau Balki ba ta dube ni ba, ban san mi ya rage in yi ba." Ni na san abin da ya rage. Balki ba za ta iya yarda da rantsuwarsa ba, domin in ta yarda da shi, ni kaɗai na saura. Tsakanin mutumin da take so da ni, ta zaɓe ni. Inna ma da maganar ta zo kunnenta cewa ta yi, "Duk wanda ya sa sunan ɗiyata babba cikin wagga magana, ni da shi ne." Ɗiyarta babba, wato ni.

Abin da ya sa na rubuto jiya ya faru. Na dawo daga ɗiban ruwa da hantsi, Inna ba ta nan, sai na ji murya a bayan rumbu. Na ajiye bokiti na leƙa. Balki ce zaune a kan turmi, wadda ta yi wata biyu ban ji sautinta ba, tana buga yatsa a cinya, tana maimaita magana ɗaya. "Ma-lam, Ya-ya-ta ba ta yi ba. Ni za ni da-hwa a ma-da-din-ta." Ta sarƙe a tsakiya, ta share zufa, ta koma farko. Na tsaya ina ƙirgawa har sau tara. Da ta gan ni ba ta ɓoye ba, ta yafito ni, ta nuna mini in zauna in saurara. Ta sake faɗa tun daga farko har ƙarshe, sannan ta dube ni ta ce, "Ya hi-ta dai-dai?" Na ce ya fita. Na ce mata ba a dafa wa wani, Malam ba zai yarda ba, ki bari. Ta girgiza kai, ta nuna ƙirjinta, ta nuna hanyar zauren Malam. Na san ta, in ta sa abu a ranta ba mai cire shi. Yarinyar da ta kasa leƙa ƙofar gida za ta ratsa unguwa ranar Juma'a, ta shiga zaure cike da maza, cikinsu har da waɗanda suka yi mata dariya a waya, ta buɗe baki a gabansu, ta kai hannu kan Alƙur'ani, don ta wanke ni.

Ban san ko ta sani ba. Wani lokaci in na tuna kallon da ta yi mini a kan abin salla sai in ce ta sani, tana so ne ta rufa mini asiri ko da za ta ɗauki zunubin a kanta. Wani lokaci in ce a'a, ta yarda da ni ne kawai yadda ta saba tun tana 'yar ƙarama. Ban san wanne ya fi muni ba. Tun jiya ban iya haɗiye abinci ba, in na ɗaga loma sai in ji muryarta tana rarraba kalmomin nan.

Na juya abin ta kowace fuska. In na je na dafa, na haɗa ƙarya da Littafin Allah, na san ba zan ƙara samun kwanciyar rai ba ko da ba abin da ya same ni a jiki, Lawali kuma zai ci gaba da yawo da laifin da ba nasa ba, auren da na rushe ya tabbata a rushe. In na gudu na tsallaka iyaka, akwai inda zan sauka, amma Balki za ta je zauren nan ita kaɗai ta tsaya wa wadda ta gudu. In na faɗi gaskiya, da wane ido zan dubi Inna, matar da ta raba abincin ɗiyarta biyu ta ba ni rabi, wadda na riƙa amsa wa amin tana yi mini baki ba ta sani ba? Korar ba ta dame ni ba, ko duka, ko jandarma, wallahi da za a ɗaure ni a huta da na fi so. Abin da nake tsoro shi ne Balki. Dariyar gari ta rufe mata baki wata biyu, kuma abin da ya sake buɗe shi shi ne ta kare ni. In ta ji daga bakina cewa ni ce, anya za ta ƙara yin magana a rayuwarta?

Don Allah masu ilimi da iyaye mata da ke wannan shafi, ku taimake ni. In faɗa zan yi, wa zan fara faɗa wa, ita ko Inna ko Malam? In faɗa mata mu biyu a ɗaki, ko in bari sai a zaure a gaban waɗanda na zalunta, don Lawali ya wanku a idon mutane? Akwai hanyar da zan hana ta zuwa ba tare da na karya ta ba? Yanzu haka da nake rubutun nan tana bayan rumbu, ina jin ta, ta kai wurin da take cewa Yayata ta sarƙe, ta sake komawa farko. Saura kwana uku ta ɗora hannunta a kan Alƙur'ani saboda ni.

Me zan yi?